Addu'ar da Muke Yi a Gadar Jebba

Ɗana, saƙonka ya iso. Ka ce me ya sa duk sanda muka doshi gadar Jebba nake sa kowa ya yi shiru, in karanta "Bismillahi majreha wa mursaha", alhali a mota muke, addu'ar kuwa ta shiga jirgin ruwa ce. To, ba ruɗewar tsufa ba ce, gado na yi.

Kakana bafataken goro ne, tsakanin Kano da Ikko. Dogon da ya taso daga Ikko ya iso Jebba a 1909, jirgin ƙasa ya shiga Kano a 1911, amma Kwara, babban kogin da ya ratsa ta Jebba, ta tsaya a tsakani, ba a gama gadarta ba sai 1916. A shekarun nan hukumar Reluwe jirgin fito ta ajiye, mai aiki da tururi, da dogo shimfiɗe a bayansa. A kan turo taragu kaɗan-kaɗan a hau da su, ya haye, ya dawo ya kwashi saura. Ka ga jirgi a cikin jirgi ke nan. Ai ma kalmar jirgi asalinta na ruwa ne, daga baya muka ara wa na ƙasa da na sama.

Babana ya ce tsohon bai taɓa ba da labarin nan bai sassauta murya ba. Mutumin tudu ne, ko iyo bai iya ba. Yana zaune jikin huhun goronsa, ƙarfe na rawa a ƙarƙashin ƙafarsa, hayaƙi na shiga ido, ga ruwa ja wur da damina, ga wani babban dutse tsaye tsakiyar kogi. Kusa da shi ne wani jirgin Turawa ya farfashe tun 1857, kowa a garin ya san zancen. Sai wani malami a cikinsu ya ɗaga murya da wannan addu'ar ta Annabi Nuhu, ta cikin Suratu Hud, duk suka amsa. Kafin a hau kuma sai an yafi juna, mai bashi ya faɗa wa abokin tafiya inda za a biya.

Da gada ta samu bai daina ba. Cewa yake ruwan bai tafi ko'ina ba, yana nan a ƙasa. Babana ya ɗauka, ni ma na ɗauka.

Kada ka ce wa abokanka farilla ce, ba ita ba ce. Addu'ar hawa mota daban take, ka karanta ta tun daga tasha. Wannan ta gidanmu ce, ina kuma so in ji ta a bakinka in Allah ya kai mu Ilori bayan salla. Ka gaida mahaifiyarka.