Tambayi Anti: Takalmin kaboyi da doguwar riga, zai yi kuwa?

Salam Anti, dan Allah a sakaya sunana. Karatu nake a Houston da ke jihar Texas a Amurka, ƙawayena 'yan ajinmu sun matsa sai na bi su rodiyo ɗin da ake yi nan garin a watan Maris, wato bikin wasannin kaboyi da dawaki da shanu, kuma kowa cewa yake sai da takalmin kaboyi ake zuwa. To ni Anti bana sa wando in fita, daga abaya sai dogayen rigunan atamfa da na taho da su daga gida. Zai yi kuwa ko zan zama abin dariya? Kuma wanne zan saya tunda naga suna da tsada.

Wa alaikumus salam ƙanwata. Zai yi mana, sosai ma. Ai ranar in kika shiga filin bikin za ki ga rabin matan wurin da riguna suke, wasu gajeru wasu har ƙasa, duk da takalman nasu, ba wanda zai kalle ki sau biyu sai dai don atamfar ta burge shi. Bikin nan tun 1932 ake yinsa, sun ga shiga kala kala.

Abin da zai ɓata miki shigar ko ya gyara ta shi ne faɗin ƙasan rigar, nan zan fi tsayawa. Kinga takalmin kaboyi wuyansa dogo ne yana kaiwa tsakiyar ƙwauri, kuma bakinsa a buɗe yake baya kama ƙafa, to in kika ɗora masa fited gown ɗin nan da telolinmu ke matsewa tun daga ƙugu har idon sawu, wallahi bakin takalmin zai riƙa turo yadin yana fitowa tudu tudu ta ƙasan gwiwa, ga tafiya ta gagara don siket ɗin na kama wuyan takalmin duk taku ɗaya. Siket mai matsewa da zani ɗauri ki bar su a akwati ranar. Ki ɗauko rigar da ta buɗe daga ƙugu, irin ɗinkin umbrella ko bubu mara nauyi, ko abaya mai faɗi, yadda yadin zai zubo ya rufe wuyan gaba ɗaya, tsinin gaban da dunduniyar kawai za a gani in kina tafiya. Tsawon kuma ya tsaya daidai idon sawu, kar ya ja ƙasa, don wurin akwai rumfunan shanu da tumaki da awaki, kin dai san abin da ke ƙasan irin wannan wuri. Ki sa takalmin ki sa rigar ki zagaya ɗaki tun kafin ranar, dunduniyar na ƙara tsawo kaɗan, rigar da ke sharar ƙasa da silifas sai ki ga ta zauna daidai.

Kala kuma, tunda atamfa da kanta surutu take, takalmin ya yi shiru. Ruwan ƙasa ko baƙi mara ado da yawa. Masu jan fure da ƙyalƙyali da farare tas ɗin nan da ake yayi suna da kyau amma da baƙar abaya ko riga mai kala ɗaya suka dace, in kika haɗa su da atamfa mai zane biyar ido zai rasa inda zai sauka.

Yana da kyau ki san dalilin da yasa aka yi takalmin haka, zai taimake ki wajen zaɓe. Na makiyaya ne masu kora shanu a kan doki, sun gaji salon daga mahayan Meziko da ake kira vaquero, ya kuma yaɗu bayan yaƙin basasar Amurka ya ƙare a 1865 lokacin da ake kora garken shanu daga Texas zuwa tashoshin jirgin ƙasa a Kansas. Dogon wuyan don ƙaya da maciji da gogar sirdi, tsinin don ƙafa ta shige likkafa da sauri, doguwar dunduniyar da ta karkata don ta riƙe likkafar kar ƙafa ta zarce, rashin igiya kuma don in mutum ya faɗo ƙafarsa ta zare daga takalmin kar doki ya ja shi. Duk wanda ya saba kallon hawan sallah zai gane hikimar. Amma ke ba doki za ki hau ba, yawo za ki yi a kan siminti awa da awanni, don haka ki nemi wanda suke kira roper, dunduniyarsa gajera ce a miƙe, wuyansa ma bai kai sauran tsawo ba, shi yafi zama lafiya a ƙarƙashin doguwar riga.

Batun kuɗi, kar ki ce sai Lucchese, kamfanin da aka kafa a San Antonio tun 1883, nasu akwai na sama da dala 1,000 musamman na fatar jimina da kada, wannan ba na ɗaliba bane. Ki shiga shagon Cavender's ko Boot Barn ki gwada na kamfanin Ariat ko Justin, ko ma ki leƙa shagunan gwanjo, a Texas ba a rasa masu kyau da wani ya riga ya lausasa miki. Ki je da safar da za ki sa, doguwa wadda ta wuce bakin takalmin don kar ya goge miki fata. In sabo ne za ki ji dunduniyarki na ɗan ɗagawa a ciki in kina tafiya, haka yake, zai ragu in tafin ya yi laushi, amma saman ƙafa dole ya kama ɗam, yatsu kuma su samu sararin motsi. In yatsun sun matsu a shago kar mai shago ya ce miki zai buɗe, tsawo baya ƙaruwa. Kuma ki fara sa shi a gida da cikin makaranta tun da sauran sati biyu.

Abu ɗaya da mutanenmu ke mantawa, wasu takalman da fatar alade ake shimfiɗe cikinsu. Ki leƙa ciki, in kika ga ƙananan ɗigo ɗigo a jere uku uku to ita ce, ki tambayi mai shagon ko ki duba bayanin kamfanin, da yawa na fatar saniya ne. Sannan cire shi aiki ne, ki yi alwalarki tun daga gida.

*

Anti ni a Kano nake, na gani a Instagram ina so in yi oda in sa a dinar ƙawata a watan Afrilu da leshi.

A Afrilu? A Kano? Haba 'yar nan, ƙafarki dahuwa za ta yi kafin a yanka kek. Kuma leshi da gwaggwaro ba su san takalmin kaboyi ba, ɗinkin biki kusan duk a matse yake, matsalar da na faɗa wa 'yar uwarki a sama ita za ki tarar. In kina sonsa ki saya ki ajiye sai hunturu, Disamba ko Janairu, ki sa da abaya mai faɗi in za ki fita da yamma. Kuma kafin ki tura kuɗi waje ki auna ƙafarki da santimita ki duba jadawalin kamfanin, lambar Amurka daban take da 38 da 39 ɗin da muka saba, mayar da kaya daga nan kuwa kuɗin jirginsa ma ya isa ki sayi wani takalmin.