Mai koya wa mata rawa tana ɗaukar su bidiyo: kuɗinta halal ne?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Na karanci nazarin motsin jiki bisa tsarin Rudolf Laban, wani Bature masanin rawa. Shekara 9 ke nan ina koya wa mata zalla rawa a ɗakin da na kama haya, har da masu fama da shanyewar ɓarin jiki. Nakan ɗauke su bidiyo da wayata don in duba inda nauyin jikinsu ke karkata. Yayan mijina ya ce rawa haram ce ɗungurungum, kuɗina ma haka.

Amsa: Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Aikinki da marasa lafiya jinya ce, babu saɓani a kanta. Da wannan ilimin ne Irmgard Bartenieff, ɗalibar Laban, ta yi jinyar masu shan inna a New York.

Maganar yayan mijinki tana da magabata. Ƙurɗubi ya kawo cewa malamai sun kafa hujja da aya ta 37 a Suratul Isra'i, wadda ta hana tafiya da taƙama, wajen zargin rawa. To amma ayar girman kai take tsawatarwa. Ina taƙama ga tsohuwar da take gumi don ta ɗaga ƙafar hagu daidai da tafi? Sannan Habashawa sun yi wasansu cikin masallaci ranar Idi, Annabi (SAW) ya tsaya, Nana A'isha tana kallo ta bayansa har ta gaji. Lafazin ruwayar Imam Muslim "yazfinuna" ne, wato suna tsalle suna rawa. Masu cewa ai atisayen yaƙi ne da mashi, mun yarda, sai dai hakan ya nuna manufa ce ke sa hukunci, ba motsin ba. Nawawi ma bai haramta ta ba sai in akwai karairaya irin ta 'yan daudu. Kuɗinki halal ne, muddin babu namiji, an rufe al'aura, kuma ki tsaya kan tafi ko ganga mai fuska ɗaya.

Inda na tsaya na daɗe shi ne wayar nan. Kin ce mata zalla, amma bidiyon da ya kwana a wayarki ya buɗe ƙofa ga mai gyaran waya, da ɗanki mai neman wasa, da ɓarawo a adaidaita. Matar aure ta cire mayafi ne don ta amince da ke. Kada ki ɗauka sai da izininta, ku kalla tare a wurin, ki goge a gabanta. Turawa ta WhatsApp ko TikTok, ko don talla, bai halatta ba. Ai Laban ya fitar da hanyar rubuta motsi a takarda tun 1928, koma mata.

Kuma idonki ya horu da karanta jikin mutane. Hadisi ya hana mace siffanta wa mijinta wata mace kamar yana ganinta, don haka labarin ƙugun ɗalibai kada ya biyo ki gida. Rawar da tushenta bori ne ki bar ta ko da an ce al'ada ce. Yayan mijinki kuwa kada ki yi musu da shi, bar maigidanki ya kai masa wannan amsa.

Wallahu a'alam.