Amsar tambayar dannan dama a kan mahaɗi

Salamu alaikum ƴan gurup, barkanmu da yamma. Ƙanena, na ji muryarka tun azahar, wayata ce ba caji, sai yanzu wuta ta dawo.

Ka ce kana ƙirga masu danna mahaɗai a shafin shagon kawunku, amma in mutum ya danna dama a linzami ba ka ganin komi. To, ba kai ka yi kuskure ba. Shi click, wato saƙon da birawuza ke aika wa JavaScript ɗinka in an danna abu, na dannan hagu ne. Wanda kake nema sunansa contextmenu, shi ke tashi da zarar an danna dama, kafin ɗan jerin nan na buɗewa da kwafa ya fito.

Kuma kada ka bi mahaɗi ɗai-ɗai kana liƙa masa umarnin da ke jiran contextmenu ɗin, wahalar banza ce. Ɗora shi kan document, wato shafin gaba ɗaya, sannan ka sa event.target.closest('a'), wanda ke nemo mahaɗin da abin da aka danna yake ciki. Ka san dalili? Hoton atamfa ne cikin mahaɗin, hoton yatsa ke taɓawa, ba mahaɗin ba. Wallahi wannan abin ya taɓa cinye mini yini guda, shayina har ya huce, ina ta zargin birawuza, ashe hoton nake kamawa. closest ne ke hawa sama ya nemo maka mahaɗin.

Akwai kuma mousedown, mai tashi da zarar an danne kowane maɓallin linzami, ka duba button, lambar maɓallin da aka danna: 0 hagu, 1 tsakiya, 2 dama. Na tsakiyar nan yana buɗe mahaɗi a sabon shafi, ka kama shi da auxclick.

Amma tsaya, su wa ke shiga shafin? Masu sayayya daga nan Maradi, da Jibiya, da Katsina, da waya suke, ba su da linzami. A Android, in an danne mahaɗi an riƙe, Chrome yana tada contextmenu. Safari na iPhone kuwa ba ya tada shi. Kuma ko ka kama dannan, ba ka da hanyar sanin abin da mutum ya zaɓa, ko buɗewa ya yi, ko kwafa, ko fasawa. Saboda haka ka ware lissafinsa daban.

Batun toshe jerin da preventDefault, umarnin da ke hana shi fitowa, don kada a sace hotuna, ni dai ban ba ka shawara ba. A Firefox, riƙe Shift kawai za a yi jerin ya fito, ga kuma ɗaukar hoton allo.

Ana kiran magariba. Turo mini abin da ka rubuta, in duba bayan isha.