Amsa kan matsalar MSCOMCTL.OCX

Malam, ka ce tsohuwar manhajar lissafin shagonku ta ƙi buɗewa a sabuwar kwamfuta, wai babu MSCOMCTL.OCX. Kwantar da hankalinka, ba ƙwayar cuta ba ce. Fayil ne na ActiveX (fasahar Microsoft da ke ba manhajoji damar aron kayan aiki) da manhajojin da aka rubuta da Visual Basic 6, yaren rubuta manhaja da ya fito a 1998, ke ara don nuna jerin kaya da layin maɓallai.

Mai 32-bit ne, saboda haka a Windows mai 64-bit mazauninsa folda mai suna SysWOW64 da ke cikin foldar Windows, ba System32 ba. Nan ne da yawa ke tuntuɓe. Ajiye shi can, buɗe Command Prompt (tagar rubuta wa Windows umarni) da ikon administrator, ka rubuta regsvr32 C:\Windows\SysWOW64\mscomctl.ocx.

Don Allah ka samo shi daga Microsoft ko faifan manhajar, ba shafukan barkatai ba.