Na sayar da masana'antata, barci ya ƙaurace mini

Tambaya: Malam, shekara 19 ke nan da na kafa masana'antar fiya wata a Sharaɗa, Kano. Mun yi ciniki da mai saye, wata mai zuwa zan miƙa makullai. Tun ranar na kasa barci. In na dawo daga sallar asuba, ina zan dosa? Abokaina na cewa in yi maza in zuba kuɗin a wata harka kafin zaman gida ya kwantar da ni.

Amsa: Alhaji, sabo ake yi wa kuka. Shekara 19 direbobi na jiran umarninka, masu neman taimako na layi a ƙofar ofis. Da ka miƙa makulli wayarka za ta yi shiru, wasu da ke durƙusa maka su koma gaida sabon mai gida. Ka sa haka a ranka tun yanzu, kada ka kira shi butulci. Ka nemi a rubuta watanni uku na miƙa aiki cikin yarjejeniya, ka kuma sanar da ma'aikatanka da bakinka kafin su ji a waje.

Shawarar abokan nan ce ke ba ni haushi. "Kuɗi ba sa son zama": kullum sai na ji ta, ta kuwa tsiyata mutane da dama. Wanda ya rasa wurin zuwa da safe ba riba yake nema ba, kujera yake nema, dillalai kuma sun fi kowa sanin haka. Wannan ya zo da fili mai takardar bogi, wancan da gonar kaji alhali ba ka taɓa kiwon ko tsako ba, wani da manhajar da ke ninka kuɗi cikin wata guda. MMM, wata harkar damfara mai alƙawarin riba mai yawa, ta rufe asusun jama'a a Disambar 2016, wata irinta mai suna CBEX ta maimaita a Afrilun 2025, har yanzu ba mu daddara ba! Za a ce naira na zubewa. Gaskiya ne, amma akwai Sukuk, wato takardun zuba jari marasa ruwa, na gwamnatin tarayya tun 2017, akwai bankunan da ba sa ta'ammali da ruwa. Ka ajiye, ka ba kanka shekara guda, ka fitar da zakka idan ta cika. Duk wanda ya ce maka "yau ne kaɗai dama", ka raka shi bakin ƙofa.

Kafin nan ka cika safiyarka: karatu a zauren malami, ko koya wa matasa biyu sana'ar da ka ƙware a kai. Idan rashin barcin ya haura mako biyu, abinci ma ya fita a ranka, ka ga likita a Asibitin Malam Aminu Kano. Kada wani ya ce maka jifa ne.