Jarumar da ke ganin launin murya

Kana tambaya ko jarumar labarinka za ta iya ganin launin muryoyi ta kuma ji ɗanɗanon sunaye, ya zama shi ne sihirin duniyar da ka ƙirƙira. Eh zai yiwu sosai, don a zahiri ma akwai masu hakan, wani in ya ji kiɗa sai ya ga kala, wani kowane harafi da launinsa, kuma ba ciwo ba ne.

Amma fa kar launin ya riƙa canzawa, masu abin a gaske in A ja ce yau to bayan shekaru ma ja ce. A nawa labarin muryar maƙaryaci koriya ce a babi na 2, can gaba na sa ta baƙa, nan take masu karatu a guruf suka lura, sai da na koma na gyara.