Tambayi Likita: Dopamin da Hanyar Kwaɗayi a Ƙwaƙwalwa

Tambayoyin wannan karon sun fito daga mutane daban-daban, kowa da damuwarsa, amma duk suna komawa kan sinadari guda da ke cikin ƙwaƙwalwa, wato dopamin. Shi ya sa na haɗa su wuri ɗaya.

Assalamu alaikum likita. Ni ɗalibi ne a makarantar koyon aikin jinya a Zariya. A darasi an ambaci "hanyar mesolimbik", a waya kuma kullum ina jin ana cewa dopamin shi ne sinadarin farin ciki. Mece ce wannan hanya, kuma gaskiya ne shi ke sa mutum jin daɗi?

Wa alaikumus salam, ɗana. Ƙwayoyin jijiya na ƙwaƙwalwa ba a manne suke da juna ba, akwai ɗan tazara tsakaninsu, kuma da sinadarai suke aika wa juna saƙo. Dopamin ɗaya ne daga cikin waɗannan sinadarai. Wani masani ɗan ƙasar Suwidin, Arvid Carlsson, shi ya tabbatar da haka a ƙarshen shekarun 1950, kuma ya samu kyautar Nobel a 2000.

Hanyar mesolimbik zaren jijiyoyi ne da ke tasowa daga wani ɗan gungu a tsakiyar ƙwaƙwalwa ta ƙasa, wanda likitoci ke kira VTA, ya tafi ya zuba dopamin a wani gungu da ke gaba mai suna nukiliyas akumbens. Daga nan yana da alaƙa da sashen da ke adana tunawa, da sashen tsoro da motsin rai, da kuma gaban ƙwaƙwalwa bayan goshi inda ake auna abu kafin a aikata shi. A 1954, a Jami'ar McGill da ke Kanada, James Olds da Peter Milner suka sa wa ɓeraye siririyar waya a kusa da wannan yanki, suka ba su maɓallin da in sun danna zai tsikari wurin. Ɓerayen suka yi ta dannawa ba ji ba gani. Daga nan aka fara cewa an gano cibiyar jin daɗi.

Binciken da ya biyo baya ya gyara wannan fahimta, kuma gyaran ne ya fi amfani ga ma'aikacin lafiya. A shekarun 1990 Wolfram Schultz ya auna jijiyoyin dopamin na birai. Idan aka ba biri ruwan 'ya'yan itace ba zato, jijiyoyin sai su zaburo. Idan aka saba kunna masa fitila kafin a ba shi, bayan ya gane sai zaburar ta koma lokacin kunna fitilar, shan ruwan kansa bai ƙara motsa su ba. Idan kuwa aka kunna fitila aka hana shi, aikinsu sai ya faɗi ƙasa da yadda yake a da. Kent Berridge na Jami'ar Michigan shi kuma ya nuna cewa ɓeran da aka raba shi da kusan duk dopamin ɗinsa, in ka ɗiga masa sukari a baki zai lashe leɓe kamar kowane ɓera, amma ba zai tashi ya nemi abinci ba ko da yana gabansa.

Ke nan aikin wannan hanya shi ne sa kwaɗayin abu, da koya wa mutum alamomin da ke nuna abin yana kusa, da tura shi ya tashi ya nema. Daɗin da ake ji a lokacin da aka samu, wasu sinadarai ne daban suka fi ɗaukar nauyinsa. Ni a Hausance na fi kiranta hanyar kwaɗayi. Kuma ka riƙe cewa ba ita kaɗai ce hanyar dopamin ba. Manya guda 4 ne: wannan, da mai zuwa gaban ƙwaƙwalwa don tsari da natsuwa, da mai kula da motsin jiki, da mai hana jiki yin ruwan nono ba lokacinsa ba. Za ka ga biyun ƙarshe a tambayoyin da ke ƙasa.

Likita, ni uwa ce daga Kano. Ɗana mai shekara 24 ya kai shekara uku yana shan tiramol. Ya rantse mini cewa yanzu ba ya jin daɗin komai a cikinta, amma ya kasa bari. Mahaifinsa ya ce ƙarya yake yi, iskanci ne kawai. Yaya zan yi?

Hajiya, Allah ya ba ki haƙuri, ya shirya mana zuri'a. Abin da yaron ya faɗa miki ya yi daidai da abin da likitanci ya sani, don haka kada ki ɗauke shi maƙaryaci a kan wannan.

A cikin VTA akwai wasu jijiyoyi da ke yi wa na dopamin birki. Tiramol da kodin da danginsu suna danne masu birkin, sai dopamin ya kwarara fiye da yadda abinci ko hira ko samun riba za su iya sa shi. Idan aka yi ta maimaitawa, ƙwaƙwalwa sai ta kare kanta ta rage wuraren da ke karɓar saƙon. Abu biyu ke biyo baya. Ƙwayar da ke isarsa a da ta daina isa, sai ya ƙara. Sannan abubuwan rayuwa na yau da kullum su yi masa lami. A daidai wannan lokaci kuma alamomin da ƙwaƙwalwarsa ta haɗa da ƙwayar suna ƙara ƙarfi: majalisar da yake zama, abokin da ke kawowa, lokacin fita aiki da safe, kuɗi a aljihu. Daɗi ya ragu, kwaɗayi ya ƙaru. Wannan ita ce jarabar, kuma ciwo ne da ake yi wa magani. Ba ku kaɗai ba ne: binciken da ofishin Majalisar Ɗinkin Duniya mai yaƙi da miyagun ƙwayoyi ya yi tare da gwamnatin Najeriya a 2018 ya ƙiyasta mutum miliyan 4.6 na shan irin waɗannan magunguna ba bisa umarnin likita ba.

Ga abin da nake so ki kula da shi. Iyakar tiramol da likita ke ba babba ita ce miligiram 400 a yini, a rarrabe. Ta bayan fage da ake sayarwa kan kai 225 a ƙwaya ɗaya, don haka ƙwaya biyu kacal sun wuce iyaka. Tiramol kuma tana da wani haɗari da kodin ba ta da shi sosai, wato jijjiga irin ta farfaɗiya, ko ga wanda bai taɓa yi ba.

Kada a kulle shi a ɗaki ko a ɗaure shi a ce ya bari rana ɗaya. Bayan awa 12 zuwa 24 da shan ƙarshe zai fara hamma, zufa, majina, ciwon gaɓoɓi, murɗar ciki da gudawa, rashin barci. Abin ya fi tsanani a kwana na biyu da na uku, yakan lafa cikin mako guda ko fiye kaɗan. Wasu kan ƙara da firgici da ruɗewa. A asibiti ana rage adadin sannu a hankali, sau da yawa kamar kashi 10 cikin 100 a mako, ko a hankali fiye da haka ga wanda ya daɗe yana sha, ana kuma ba shi maganin da zai sassauta waɗannan alamomi. A Kano akwai sashen lafiyar ƙwaƙwalwa a Asibitin Koyarwa na Aminu Kano da kuma asibitin Dawanau. Akwai asibitocin ƙwaƙwalwa na tarayya a Kaduna da Maiduguri da Kware ta jihar Sakkwato.

Fitar ƙwaya daga jini shi ne mafi sauƙin aikin. Watannin da ke biye, lokacin da komai ya yi masa lami kuma kwaɗayi ke taso masa daga ganin wuri ko mutum, nan ne ake yawan komawa. Yana buƙatar sauya majalisa, aikin da zai cika masa yini, barci a kan lokaci, da ganin likita a kai a kai. Hotunan ƙwaƙwalwa sun nuna cewa tana farfaɗowa, amma da watanni ake lissafi, wani lokaci fiye da shekara. Kuma ki gaya masa wannan da bakinki: wanda ya bari na makonni, jikinsa ya daina jure adadin da ya saba, in ya koma ya sha irin na da zai iya mutuwa. Idan kika same shi ba ya farkawa, numfashinsa ya yi jinkiri ko yana wani irin minshari, baƙin idonsa ya tsuke, leɓensa ya canza launi, a kwantar da shi a gefensa, kada a ɗura masa madara ko manja ko ruwa, a garzaya asibiti. Akwai allurar naloksan da ke dawo da numfashi.

Malam likita, na ga ana maganar "azumin dopamin", wai mutum ya ajiye waya da kiɗa da abinci mai daɗi na kwana ɗaya don ƙwaƙwalwa ta wanke. Ni matsalata waya ce da cacar ƙwallo. Zai yi mini aiki?

Ɗan'uwa, dopamin ba datti ba ne da za a wanke, kuma ba ya taruwa ya cika har a zubar. Jijiyoyin suna aiki dare da rana, in da za su tsaya da ko daga kan kujera ba za ka iya tashi ba. Kwana ɗaya kuma ba ya goge abin da ƙwaƙwalwa ta yi shekaru tana koyo.

Amma akwai gaskiya a ƙarƙashin maganar. Hanyar kwaɗayi ta fi zabura idan sakamako ba shi da tabbas, yau a samu gobe a rasa. A kan haka aka gina caca, a kan haka aka gina jan allon waya, ba ka san abin da zai fito na gaba ba. Tikitin da wasa ɗaya ya yanka ma yana ingiza mutum ya sake, don yana ji kamar saura ƙiris. Abin da ke aiki shi ne raba kanka da alamar na dogon lokaci. Goge manhajar cacar ka rufe asusun. Kashe sanarwar waya. Kada waya ta kwana kusa da kai. Ranar albashi ka miƙa kuɗin ga wanda ka amince da shi. Idan kwaɗayin ya taso, ka tashi ka bar wurin, yawanci yakan lafa cikin rabin awa. In har ka fara cin bashi, ko ɓoye wa iyali, ko yin caca don mayar da abin da ka rasa, ka ga likitan ƙwaƙwalwa. Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa jarabar caca cikin jerin cututtuka.

Likita, ina shan risperidon wata takwas saboda larurar ƙwaƙwalwa. Na samu sauƙi, amma al'adata ta ɗauke kuma nonona na fitar da ruwa, alhali ba ni da ciki. In daina maganin?

'Yar'uwa, kada ki daina da kanki, larurar na iya dawowa da ƙarfi. Abin da ke faruwa sananne ne. Maganin yana toshe wuraren karɓar dopamin don ya kwantar da hanyar mesolimbik, amma ba ya zaɓe, yana toshe har hanyar da ke danne sinadarin furolaktin mai sa ruwan nono. Furolaktin ya hau, nono ya kawo ruwa, al'ada ta tsaya. Maza kan samu kumburin nono da raguwar sha'awa. Haloperidol da maganin amai metoklopramid ma suna yin haka.

Ki koma wurin likitanki a yi gwajin ciki ko da kina ganin babu, a auna furolaktin da aikin maƙoƙo a jini. Zai iya rage adadin ko ya sauya miki zuwa wani kamar aripiprazol wanda bai cika ɗaga furolaktin ba. Kada a bar shi shekaru, don yana rage ƙarfin ƙashi. Ki daina matsa nonon don dubawa, matsawar na ƙara ruwan. Idan akwai ciwon kai mai naci ko ganinki ya ragu ta gefe, ki faɗa da wuri, sai an yi hoton kai.

Mahaifinmu mai shekara 66 yana da cutar Parkinson. Tun da aka ƙara masa wani magani, pramipeksol, ya shiga sayayyar banza da rabon kuɗi, har da neman ƙara aure, abin da ba halinsa ba ne. Wasu na cewa sammu ne.

Allah ya ba Baba lafiya. Ku fara duba maganin. Cutar Parkinson tana zuwa ne idan jijiyoyin dopamin masu kula da motsi suka mutu da yawa, shi ne ake ganin karkarwa da sanƙarewa da jan ƙafa. Pramipeksol da ropinirol suna kwaikwayon dopamin don motsi ya gyaru, amma suna taɓa hanyar kwaɗayi ita ma. Wani babban bincike da aka buga a 2010 ya samu cewa kusan mutum 1 cikin 6 na masu shan irin wannan magani suna faɗawa caca, ko sayayya, ko ci ba ƙoshi, ko yawan sha'awa. Mai abin sau da yawa ba ya ganin ya canza, iyali ne ke lura.

Ku raka shi wurin likitansa ku bayyana komai, har abin da kuke jin nauyin faɗa. Akan rage maganin a hankali a dogara da wani maganin Parkinson ɗin mai suna lebodopa, kuma yawanci halin yana komawa daidai. Kada a yanke shi rana ɗaya, hakan na jawo damuwa mai tsanani, zufa, da taɓarɓarewar motsi. Kafin nan, babban ɗa ya riƙe katin banki da takardun kadara cikin ladabi, kuma kada a bari ya yanke wata babbar shawara.

Akwai gwajin jinin da zai nuna dopamin ɗina ya yi ƙasa? Wani mai sayar da magani ya ce ayaba da wani garinsa suna ƙara shi.

Malam, babu. Dopamin da ke cikin jini ba ya tsallakawa cikin ƙwaƙwalwa, na ƙwaƙwalwa kuma ba a auna shi daga jini. Dalilin da ya sa ake ba masu Parkinson lebodopa ke nan, shi yana tsallakawa sannan ya rikiɗe ya zama dopamin. Ayaba tana da dopamin, amma ba ya isa can. Jiki na haɗa nasa daga furotin ɗin wake, ƙwai, kifi, nama da gyaɗa, kuma abincin yau da kullum ya wadatar. Idan abin da ke damunka rashin kuzari ne da daina jin daɗin abubuwan da ka saba so, kuma ya kai mako biyu, ka je a duba ka don ciwon damuwa, a kuma auna yawan jini, sukari da aikin maƙoƙo.